Farashin Fari

Na ɗaga ƙofar gareji a Tudun Wadan Gusau,
ta yi kukan da ta saba.
Duro uku na jira, muciya na jingine,
buhu ɗaya ya rage a lungu, bakinsa ɗaure da roba.

Taitaniyam ake ce masa. Sunan ya fi ƙarfin bakin Labbo,
yarona, shi ya sa ya raɗa masa garin Sin.
Ba ya ƙamshi, ba a tuƙa tuwo da shi,
amma in babu shi, fenti ruwan kanwa ne:
ka shafa sau uku, bulo na leƙenka ta ciki.

Bara na saye shi ina raha.
Jiya na buga wa Ikenna a Legas,
ya ce, "Maigida, dala ta sake tsalle,
jirgi ya yi wata yana jiran layi,
kwastan sun ci, mai sito ya ci, mai tirela bai ci ba tukuna.
Turo yau. Gobe ni ma ban san me zan ce maka ba."
Na ce to.
Wanda ke cikin rijiya ba ya musun tsawon igiya.

Na gwada na Alhaji Tasi'u daga Kano,
ya fi sauƙi, ga tambari, ga ɗinki mai kyau.
Na zuba a tafi, na tofa yawu, na murza.
Rabinsa alli ne,
alli ne ya sa babbar riga.

Ban zage shi ba. Da wane bakin?
Ni ma da aka ba ni masallacin layinmu,
kuɗin kwamiti ya gaza, ladan ya ce a yi don Allah,
na rage mudu biyu, na cike da abin da na cike.
Bango ya yi kyau kwana tara.
Ran na goma, bayan Magariba, dattawa suka jingina,
kowa ya tashi da bangon a bayan rigarsa.
Ba wanda ya tanka.
Nomau tela ne kawai ya kakkaɓe kafaɗa,
a hankali, yana dubana.
Tun ranar nake tsallaka titi in yi salla.

Wani direba, muna shan shayi a Tashar Magami,
ya ce wai asalin garin nan baƙin yashi ne,
irin mai kwanciya a gindin gulbi in ruwa ya janye,
a loda shi da arha, a haye teku da shi,
a gasa, a wanke, ya dawo fari fat da takardun shiga.
Ban sani ba. Direba da labari.
Amma yanzu in na bi ta gada nakan leƙa ƙasa,
in tuna ɗan da aka bayar riƙo
ya dawo da takalmi, ba ya jin gaisuwar gida.

Ga Malama Kulu nan da hantsi, jaka a hammata.
Aji ɗaya take so ta shafe, na 'yan aji uku,
iyaye ne suka haɗa, ɗari biyar, ɗari biyu.
Ta ce, "Nawa bokiti yau?"
Na faɗa. Ta yi shiru, ta sake ƙirga abin da ta riga ta ƙirga.
Yara kuwa jingina suke, har lasar bango suna yi.

Na ce, Labbo, kwance robar.
Ya ce, "Duka?"
Na ce zuba.
Ƙurar ta tashi, ta sauka masa a gira da gashin baki,
ɗan shekara sha bakwai ya yi furfura a gabana.
Na buɗe littafin bashi, na nemi shafin da ba kowa,
na rubuta sunana.

Waya na ruri a aljihu.
Ikenna ne. Bari ta yi.